Yadda Ake Haɗa Gajeren Fim ɗin Zane Mai Ban Tsoro Irin na Japanawa da Takarda da Waya

A watan Yulin 2013 tashar TV Tokyo ta fara nuna wani shiri cikin dare mai suna Yamishibai. Kowane kashi bai wuce minti biyar ba. Da ƙarfe biyar na yamma wani tsoho da ya rufe fuskarsa da abin rufi ruwan ɗorawa yakan iso filin wasan yara, ya buɗe akwatin da ke bayan kekensa, ya fara ba su labarin fatalwa. Hotunan kusan ba sa motsi. Mutum ne aka zana a takarda aka yanke, ana ɗan jan shi hagu ko dama. Duk da haka, wanda ya kalla shi kaɗai da dare ya san yadda tsikar jiki ke tashi.

Ranar da na fara kallonsa na gane cewa a wannan fanni ƙarancin kayan aiki riba ne. Hoton da ya tsaya cak yakan bar zuciyar mai kallo ta ƙarasa aikin da kanta, kuma abin da zuciya ta zana wa mai ita ya fi duk wanda alƙalaminka zai zana muni. Saboda haka mai waya ɗaya da kwali da haƙuri zai iya yin fim irin wannan. Ga yadda ake bi.

Mataki na farko: ka san gidan da salon ya fito

Sunan shirin wasa ne da kalmar kamishibai, wato wasan kwaikwayon takarda. A shekarun 1930, da kuma bayan Yaƙin Duniya na Biyu, dubban mutane a Japan sun ci abinci da wannan sana'a. Mai labari zai iso unguwa a keke, ya buga wasu 'yan itatuwa biyu da ake kira hyoshigi, yara su taru. Sai ya sayar musu da alewa, wanda ya saya ya tsaya a gaba. A bayan keken akwai akwatin katako mai kamar taga, a cikinsa an jera kwalaye masu zane. Yana ba da labari yana zare kwali ɗaya bayan ɗaya, kuma yakan tsaya daidai inda labari ya yi zafi don yaran su dawo gobe. Talabijin ce ta kashe kasuwar a shekarun 1950, har ma da farko wasu suna ce mata kamishibai mai lantarki.

Abin da za ka ɗauka a wurin waɗannan mutane shi ne yadda suke zare kwalin. Wani lokaci a hankali, wani lokaci fizge ɗaya, wani lokaci kuma a zare rabi a tsaya, yara suna ganin gefen hoto na gaba ba su ga sauran ba. Wannan zare rabin shi ne ƙashin bayan fim ɗinka gaba ɗaya.

Kafin ka taɓa fensir, ka nemi gajerun finafinai kamar biyar na irin wannan, ka kalli kowanne sau biyu. Karo na biyu ka kashe sauti, ka riƙe takarda kana ƙirga hotuna nawa aka yi amfani da su da kuma daƙiƙa nawa kowanne ya ɗauka. Za ka yi mamakin ƙarancinsu.

Mataki na biyu: zaɓen labari, inda yawancin mutane ke faɗuwa

Mai fara wannan aiki yakan ɗauka cewa dodo mai haƙora da jini shi ne tsoro. Labaran kaidan na Japanawa, wato labaran al'ajabi da fatalwa, sun fi dogara da abu na yau da kullum wanda ya ɗan goce daga yadda aka saba ganinsa. Dubi labarin Okiku, baiwar da aka ɗora wa laifin ɓatan faranti ɗaya cikin goma masu daraja, aka jefa ta rijiya. Kowane dare ana jin muryarta tana ƙirga faranti, ɗaya, biyu, uku, har tara, sai ta fashe da kuka. Har yau akwai rijiyar da ake kira da sunanta a fadar Himeji da ke Japan. Duk tsoron labarin yana cikin ƙirgar da ba ta cika ba. Ko dubi Oni, fim ɗin 'yar tsana na 1972 da Kihachiro Kawamoto ya yi: 'yan'uwa biyu mafarauta, wani hannu ya damƙi ɗayansu a daji, ɗayan ya harba kibiya ya yanke hannun, da suka koma gida sai suka tarar hannun tsohuwar mahaifiyarsu ne. Abin tsoron yana cikin gida tun farko.

Don haka ka zaɓi wuri ɗaya, mutum ɗaya ko biyu, da al'ada ɗaya da kowa ya sani, sannan ka karkata ta. Bari in kafa misalin da za mu yi ta aiki da shi har ƙarshe.

A Japan ana cire takalmi a wani ɗan fili da ke bakin ƙofa daga ciki, sunansa genkan. Mai ladabi idan ya shigo yakan juya takalminsa ya fuskanci ƙofa, ya jera shi da na mutanen gida. Wanda ya dawo gida yakan ce "tadaima", ma'ana na dawo, na cikin gida su amsa "okaeri", ma'ana sannu da dawowa. To, ga wani ma'aikaci da ke zaune shi kaɗai. Ya saba faɗin "na dawo" ko da ba mai amsawa. Wata rana ya tarar da ƙaramin takalmin yaro, jiƙe da ruwa, bakinsa yana fuskantar cikin gida kamar yanzu aka cire shi aka shige. Ya duba ko'ina, ba kowa. Ya jefar da shi a shara. Kashegari takalmin ya dawo. Rana ta uku ya tarar an juya takalmin, an jera shi tsaf kusa da nasa, kamar na ɗan gida. Bakinsa ya suɓuce ya ce "na dawo". Daga ƙuryar ɗaki aka amsa.

Ba a ga fatalwa ba ko sau ɗaya, kuma ba a faɗi ko yaron wane ne ba. Kada ka yarda wani ya sa ka ƙara bayani. Da zarar ka ce ai wani yaro ne ya nutse a kogi shekara kaza, mai kallo ya samu abin riƙewa, hankalinsa ya kwanta.

Idan za ka ajiye labarinka a Japan, ka kula da ƙananan al'adu, don su ne ke ɗauke da nauyin. Mai rai yana ɗora gefen hagu na kimono, rigarsu ta gargajiya, a kan na dama, gawa kaɗai ake yi wa akasin haka. Soke tsinken cin abinci a tsaye cikin shinkafa abin matattu ne. Lamba huɗu ana iya furta ta "shi", daidai da kalmar mutuwa. Fatalwar gargajiya da suke kira yurei tana da farin tufafi, dogon baƙin gashi a sake, kuma galibi ba a zana mata ƙafafu. Suna da kalmar omagatoki ga lokacin da rana ta faɗi duhu bai gama shiga ba, lokacin da suke ganin ana gamuwa da abin da ba mutum ba. Duk wanda aka taɓa kora cikin gida da almuru yana yaro ya san wannan lokaci, kuma a cikinsa nake ba da shawara ka sa ma'aikacin nan ya riƙa dawowa gida.

Mataki na uku: raba labarin gida huɗu

Japanawa suna da tsarin labari da ake kira kishotenketsu, wanda ya samo asali daga waƙoƙin Sin masu layi huɗu: gabatarwa, ci gaba, juyi, rufewa. Tsarin ba ya buƙatar faɗa tsakanin jarumi da mugu. A misalinmu, gabatarwa ita ce dawowarsa gida ranar da komai lafiya. Ci gaba shi ne bayyanar takalmin da dawowarsa. Juyi shi ne ranar da aka jera takalmin. Rufewa ita ce muryar da ta amsa.

Idan fim ɗin minti huɗu ne, ka ba gabatarwa kusan minti ɗaya cur. Na san zai yi maka kamar ɓata lokaci. Amma sai mai kallo ya ga genkan ɗin da takalmin mutumin shi kaɗai, ya ji "na dawo" ta faɗi cikin shiru ba amsa, sannan amsar ƙarshe za ta sare masa gwiwa. Rufewa kuwa kada ta wuce daƙiƙa ashirin.

Mataki na huɗu: zana taswirar hotuna

Masu fim ɗin zane a Japan suna kiran wannan ekonte. Ka raba takarda gida uku daga sama zuwa ƙasa: ƙaramin zanen hoto a hagu, abin da ke faruwa da abin da ake faɗi a tsakiya, yawan daƙiƙa a dama. Zanen bai buƙatar kyau, ko mutum-mutumin tsinke ya isa.

Ga lissafin. Fim yana tafiya da hoto 24 a kowace daƙiƙa. Lokacin da Osamu Tezuka, shahararren mai zane na Japan, ya fara shirin zane na mako-mako a talabijin a 1963, ya rage aiki ta hanyar barin zane ɗaya ya zauna a gurbin hoto uku, wato zane takwas a daƙiƙa, wani lokaci ma ƙasa da haka. Kai za ka fi shi ragewa nesa. Minti huɗu daƙiƙa 240 ne. Idan kowane hoto ya ɗauki kimanin daƙiƙa shida, hoto 40 kake buƙata. Tun da labarinmu yana maimaita wuri ɗaya har sau huɗu, ainihin bangon da za ka zana bai wuce shida ko bakwai ba: titin unguwa, matakala, ƙofa daga waje, genkan daga sama, dogon zaure mai duhu, wurin zuba shara, da fuskar mutumin kusa-kusa.

Ka tabbata duk lokacin da aka koma genkan, daga kusurwa ɗaya ake kallonsa. Idan kusurwa ba ta canza ba, ido yakan kama ɗan abin da ya canza nan take.

Mataki na biyar: ɗauki murya kafin ka gama zane

A Japan an fi saba ɗaukar murya bayan an tsara hotuna, amma ga mai aiki shi kaɗai na fi son a fara da murya, domin numfashin mai magana shi zai nuna maka tsawon kowane hoto. Ka jira dare ya tsala, injinan wuta da babura sun yi shiru. Ka shiga ɗaki mai katifa da labule da tufafi a rataye, ko ka lulluɓa da bargo kai da wayar. Tsakanin bakinka da wayar ya zama kamar taƙi ɗaya, kuma ka ɗan kauce gefe don iskar baki kada ta buga.

Kada mai labari ya yi muryar ban tsoro. Ya yi magana a natse kamar mai ba da labarin abin da ya faru da maƙwabcinsa. Muryar da za ta amsa a ƙarshe ma haka: ta fito da fara'a, irin ta yaron da ya yi murnar dawowar babansa. Na taɓa gwada ta da kaushi da amsa-kuwwa, sai abin ya koma wasan yara. Da na mayar da ita mai daɗi, wanda na nuna wa ya ajiye wayar ya dube ni.

Kafin ka tashi, ka ɗauki minti ɗaya na shirun ɗakin, ba ka cewa komai. Za ka buƙace shi nan gaba. Manhajar Audacity kyauta ce a kwamfuta, da ita za ka yanke ka rage hayaniya.

Mataki na shida: zane da yanka

Hanya biyu ce. Ta farko da hannu: ka jiƙa farar takarda mai kauri da ruwan baƙin shayi, ka shanya ta bushe, za ta yi kalar tsohuwar takarda. Ka zana da baƙar tawada, ka shafa fentin ruwa kaɗan. Launi uku sun isa: toka-toka, ruwan ƙasa, da launi ɗaya mai kama ido wanda za ka keɓe wa abu guda. A fim ɗinmu takalmin yaron ne kaɗai ja. Bango daban, mutum daban, kuma mutumin ma ka raba shi: gangar jiki, kai, hannu, kowanne a yanke da reza. Ka zana kai iri uku, na gajiya, na mamaki, na firgici.

Wajen ɗaukar hoton zanen, ka ɗora wayar a kan katako tsakanin tulin littattafai biyu, kyamara na kallon ƙasa, fitila ɗaya daga gefe. Ka danna allon ka riƙe har haske da saiti su kulle, in ba haka ba kowane hoto zai fito da haskensa daban.

Hanya ta biyu a cikin waya ko kwamfuta kai tsaye. Manhajar zane ibisPaint, wadda wani kamfanin Japan ya yi, tana aiki a waya. Krita kyauta ce. OpenToonz ma an sake ta kyauta tun 2016, kuma ta fito ne daga manhajar da Studio Ghibli, kamfanin finafinan zane na Japan, ya daɗe yana aiki da ita, sai dai tana son kwamfuta da lokacin koyo. Ko wacce ka ɗauka, kowane yanki ka ajiye shi a matsayin hoto nau'in PNG mara bango. Idan da hannu ka zana, da ibisPaint za ka goge bayan kowane yanki. Kada ka gyara gefen yankan ya yi sumul, ɗan farin bakin takardar nan yana cikin kyan salon.

Mataki na bakwai: motsi, kaɗan ƙwarai

Ka zuba murya a manhajar haɗa bidiyo, CapCut ko DaVinci Resolve, ka jera bangaye bisa taswirarka, sannan ka ɗora yankakkun mutane a kai. Ana yin motsi ta hanyar dasa alama a inda abu zai fara da inda zai tsaya. A CapCut alamar tana da siffar lu'ulu'u. Motsi huɗu za su ɗauke ka har ƙarshe: matsowar kyamara a hankali, jan hoto gefe kamar zare kwali, ɗan karkata kai, da girgiza ƙarama idan mutum yana tafiya.

Ga inda zare rabin nan zai yi aiki. Rana ta uku, ka fara da takalmin mutumin shi kaɗai a gefen hoton, ka ja hoton a hankali har bakin jan takalmin ya leƙo, sai ka tsaya. Ka ƙirga uku. Sannan ka ƙarasa ja, a ga an jera su. Dogon zauren kuma ka bar shi daƙiƙa takwas ba abin da ke motsi sai kyamara da ke matsowa kamar ba ta so. Mai kallo zai yi ta laluben duhun da ido yana jiran abu ya fito. Kada komai ya fito.

Gargaɗi ɗaya mai muhimmanci: ka guji walƙiyar haske mai sauri. A Disambar 1997 wani kashi na shirin zane na Pokémon ya nuna ja da shuɗi suna walƙiya da sauri, aka kai yara sama da 600 asibiti a Japan. Ƙa'idar da ake bi yanzu ita ce kada walƙiya ta wuce sau uku a daƙiƙa ɗaya. A wannan salo ma ba ka da buƙatarta.

Mataki na takwas: sauti da shiru

Japanawa suna da kalmar ma, wato tazarar da ake bari tsakanin abu biyu, ko a magana ko a kiɗa ko a gini. Harafinta hoton ƙofa ne da rana a tsakiya. Rabin aikin sauti a fim ɗinka shi ne sanin inda za ka bar wannan tazara.

Ka shimfiɗa shirun ɗakin da ka ɗauka a ƙarƙashin fim ɗin gaba ɗaya, a ƙasa-ƙasa. A waje ka sa sautin yammacin bazara a Japan: kukan ƙwarin higurashi, ƙararrawar mahaɗar jirgin ƙasa daga nesa, ko 'yar waƙar da lasifikokin gari ke sakawa wajen ƙarfe biyar don yara su koma gida. Ba banza aka haɗa fatalwa da bazara a can ba: a lokacin ake bikin Obon na tunawa da magabata, kuma suna cewa labarin tsoro yana sanyaya jiki a cikin zafi. Sauran sautuka ka yi su da kanka. Ɗigar ruwa a kwano ita ce ɗigar takalmin. Matsa jiƙaƙƙen soso shi ne takun ƙafa. Itatuwa biyu masu tauri ka buga su a buɗe fim, ka samu hyoshigi.

Bayan ya ce "na dawo" na ƙarshe, ka yanke komai, har da shirun ɗakin. Kunne ya saba da wannan ɗan amo tsawon minti uku da rabi, idan ya ɗauke, gaban mutum yakan faɗi bai san dalili ba. Daƙiƙa uku a haka. Sai muryar yaron. Kada ka bi ta da ƙarar ganga ko ihu. Ka bar hoton takalman biyu daƙiƙa biyu, allo ya yi baƙi.

A zamanin Edo, wani tsohon zamani a tarihin Japan, akwai wani zama da ake kira hyakumonogatari: a kunna lagwani ɗari, duk wanda ya ba da labari ya je ya kashe ɗaya, ɗaki yana ta ƙara duhu. Ana cewa da yawa sukan tsaya a na 99 don tsoron abin da zai zo idan na ƙarshe ya mutu. Haka nake so ka yi da haske da sauti: kowace rana cikin kwanakin labarin ka rage hasken genkan kaɗan, ka cire sauti ɗaya daga na waje.

Mataki na tara: gwaji da saki

Ka ba mutum ɗaya, ba taro ba, ya kalla da abin sa wa a kunne, kai kuma ka kalli fuskarsa. Inda idonsa ya bar allo, hoton ya yi tsawo. Inda ya yi dariya, ka nuna abin da ya kamata ka ɓoye. Ka sake saurara ta lasifikar waya kawai, domin da ita mafi yawan mutane za su ji. Idan muryar yaron ta ɓace a nan, ka ɗaga ta kaɗan.

Tsofaffin labaran gargajiya irin na Okiku na kowa ne, amma zanen wani da kiɗansa da muryarsa ba naka ba ne, ka yi naka. Ka rubuta a farkon fim cewa bai dace da ƙananan yara ba. Idan da Hausa aka yi maganar, ka sa fassara a ƙasa don ya kai ga wasu, amma "na dawo" da "sannu da dawowa" ka bar su a ji su da murya. Sannan ka adana bangayenka da yankakkun mutanenka a jaka ɗaya mai suna, domin ƙofar nan da matakalar da zauren za su sake yi maka aiki a labari na biyu.